Yadda Ake Zama Editan Dokumentari: Daga Memorin Kyamara Zuwa Ranar Miƙa Fim

Tambayar ta yi yawa a 'yan watannin nan, daga matasan da suka iya haɗa bidiyon biki a waya har zuwa waɗanda suka daɗe suna tace hoton fina-finan Kannywood a Zoo Road: ta ina mutum zai fara in yana son zama editan dokumentari, wace kwamfuta zai saya, kuma yaya zai caji wanda ya kawo masa aiki? Ga amsar bi da bi, yadda aikin yake tafiya a ɗakin edita.

Ka riƙe abu ɗaya tun yanzu. A fim na wasan kwaikwayo labari yana rubuce kafin a kunna kyamara, edita takarda yake bi. A dokumentari kuwa darakta zai jibge maka hoton awa 20 ko 30, ya ce yana son fim na minti 25, kuma sau da yawa shi kansa bai gama gano inda labarin yake ba. Kai ne za ka tono shi. Shi ya sa kusan rabin matakan nan kallo ne da rubutu, yanka daga baya yake zuwa.

1. Kwamfuta, faifan ajiya da wuta

Ba dole sai sabuwa ba. Kwamfuta ta hannu mai lafiya ta ishe ka farawa, in dai ta cika sharuɗɗa uku: RAM kada ya gaza 16GB, ta zo da katin hoto nata na daban mai aƙalla 4GB, faifan cikinta kuma ya zama SSD, wato irin mai sauri. Mai 8GB za ta buɗe manhajar, amma da ka ɗora mata hirar awa guda za ta fara cijewa. Farashi yana bin dala, don haka ka zaga shaguna uku ko huɗu, a Beirut Road ne a Kano ko Banex a Abuja, kafin ka ciro kuɗi. Ka tafi da filashi mai bidiyon 4K, ka kunna a gaban mai shago, ka saurari ƙarar fanka, ka taɓa ƙasanta ka ji zafinta.

Wajen faifan ajiya ne masu farawa suke raina lissafi. Kyamarar da ke ɗaukar 4K a kan megabit 100 a daƙiƙa tana cin kusan 45GB a kowace awa. Hoton awa 30 ya kai 1,350GB ke nan, kuma kwafi biyu kake buƙata. Saboda haka aiki ɗaya mai nauyi yana son faifai biyu masu 2TB kowanne. Ka sa kuɗinsu a cikin abin da za ka caji mai aiki, ba daga aljihunka ba.

Hattara: akwai filashi da faifan jabu da suke nuna 2TB a fuska alhali cikinsu bai kai ko kusa ba. Suna karɓar fayil lafiya lau, sai ranar buɗewa ka tarar da wofi. Ƙaramar manhajar H2testw kyauta ce, tana cika faifan ta karanto ta gaya maka gaskiyar girmansa. Ka kuma saita shi a tsarin exFAT don ya buɗe a Windows da Mac. Tsohon tsarin FAT32 ba ya karɓar fayil da ya wuce 4GB.

Wuta kuwa ba sai an gaya wa ɗan Najeriya ba. Mai kwamfutar tebur ya nemi UPS, wato batirin da ke riƙe ta in an ɗauke wuta, kafin ya nemi kujera, domin ɗaukewar wuta a tsakiyar kwafi tana iya kashe faifai. Lokacin hunturu a riƙa hure ƙurar fanka. Sai hedifon mai rufe kunne gaba ɗaya, don lasifikar laftof tana ɓoye rabin matsalar sauti.

2. Manhaja

Shawarata ka fara da DaVinci Resolve na kamfanin Blackmagic Design. Akwai na kyauta, ba ya sa tambari a kan fim, yana fitar da hoto har 4K, kuma yanka da gyaran kala da gyaran sauti duk suna ciki. Babbansa, Studio, dala 295 ne, biya ɗaya. Kamfanin ya ajiye littattafan koyo kyauta a shafinsa tare da hotunan gwaji. Adobe Premiere Pro haya ake biya, sama da dala 20 a wata, amma ka san hannunsa ko da sama-sama ne, don shi za ka fi tararwa a situdiyoyinmu da gidajen talabijin. Final Cut Pro sai a na'urorin Apple, na Mac kusan dala 300. Avid Media Composer na manyan kafafen waje ne, ka bar shi sai buƙata ta taso. CapCut yana da kyau ga bidiyon minti 2, amma ba a gina shi don riƙe hoton awa 30 a tsare ba.

Maɓallai biyar za ka fara haddacewa: J baya, K tsayawa, L gaba, I farkon wurin da kake so, O ƙarshensa. Kusan duk manyan manhajojin sun yi tarayya a kansu.

Hattara: manhajar sata da ake sa wa mutane a kasuwa tana zuwa da ƙwayar cuta, kuma ta fi son rufewa a daren da za ka miƙa aiki. Tunda ga ta halal kyauta, babu dalilin jefa hoton wani cikin haɗari. Abin lura guda: Resolve na kyauta a Windows ba ya buɗe wasu fayilolin 10-bit na sababbin kyamarori, sai an juya su zuwa DNxHR, wani tsarin fayil na bidiyo da aka yi don aikin yanka, tukuna.

3. Magana kafin aiki

Kada ka karɓi faifai sai kun zauna da furodusa. Fim ɗin minti nawa ne? Ina za a nuna shi, talabijin, YouTube, ko zauren taro? Da wane harshe, kuma za a sa fassara a ƙasan allo? Yaushe ake so? Sannan tambayar da ta fi duka: wa yake da maganar ƙarshe? A aikin ƙungiyoyin agaji za ka gama da jami'in Kano, sai na Abuja ya turo nasa gyaran, sai wata daga ofishin Turai ta ce a sauya farkon gaba ɗaya. Ka ce a ba ka mutum ɗaya da zai tattaro gyaran kowa ya turo a takarda guda.

Kuɗi a kan kwanakin aiki ake lissafa shi, ba a kan tsawon fim ba. Fim na minti 10 da aka ciro daga hoton awa 40 ya fi na minti 30 daga hoton awa 5 wahala nesa ba kusa ba. Ka tambayi yawan hoton, ka ƙiyasta kwanakin kallo, rubutu, yanka da gyara, ka ninka da abin da kake son samu a yini. Rabi kafin a fara, rabi ranar miƙawa. Zagayen gyara biyu ko uku suna cikin kuɗin, abin da ya haura haka sabon lissafi ne. Rubuta hira, fassara, kiɗa da gajerun sigogi na Facebook da TikTok kowanne da farashinsa.

Hattara: "ai mun saba, ba sai mun rubuta ba" ita ce take raba abokai. Ko a WhatsApp ne ka rubuta sharuɗɗan, ya amsa da "na yarda". Duk kwafin da za ka tura don dubawa ya ɗauki tambarinka a tsakiyar allo har sai cikon kuɗi ya shigo.

4. Kwafe hoto

Ka kwafe memori gaba ɗayansa da duk foldojin da ke ciki, har waɗanda kake gani kamar ba su da amfani. Kada ka tsinci fayil ɗaya-ɗaya, kada ka sauya sunan da kyamara ta ba su. Resolve yana da sashen kwafi mai suna Clone Tool wanda yake auna kowane fayil ya tabbatar kwafin ya yi daidai da na asali.

Ƙa'idar da ake bi ita ce kwafi uku, a kan na'ura iri biyu, ɗaya a wani gini daban. In hali bai kai ba, biyu shi ne ƙasa: ɗaya a teburinka, ɗaya a gidan furodusa. Tsarin folda kuma ya zama iri ɗaya a kowane aiki: 01_Hoto, 02_Sauti, 03_Kida, 04_Rubutu, 05_Aiki, 06_Fitarwa. A cikin ta hoto kowace rana da tata, kamar 2025-03-14_Karofi_KyamaraA. A sunan folda kada ka sa haruffa masu lanƙwasa, wasu kwamfutocin suna rikicewa da su.

Hattara: mai ɗaukar hoto zai matsa maka yana son memorinsa don gobe. Kada a goge sai ka buɗe kwafi biyun ka kunna fayiloli daga farko, tsakiya da ƙarshe. Kuma kada ka karɓi bidiyon da aka turo ta WhatsApp a matsayin bidiyo, an riga an matse shi ya lalace. A turo shi a matsayin takarda (document), ko ta Google Drive.

5. Saita aiki da haɗa sauti da hoto

Talabijin a Najeriya da Nijar hoto 25 yake nunawa a daƙiƙa, don haka yawancin aikinmu a kan 25 ake saita shi, sauti kuma 48kHz. Ka duba abin da kyamara ta ɗauka, ka duba abin da mai aiki yake so, sannan ka saita. A Resolve da zarar ka shigo da hoto wannan lamba ta kulle, sauya ta sai da wahala.

In an ɗauki hira da na'urar sauti daban, manhajar za ta iya haɗa su ta hanyar kwatanta zanen sautin biyu. In ta kasa, ka nemi inda aka tafa hannu a farkon ɗauka ka daidaita da ido. Kwamfutar da take cijewa kuma a yi mata furoksi, wato ƙananan kwafin hoto masu sauƙi da za ka yi yanka da su, ranar fitarwa manhajar ta koma kan na asali. Ka bar ta ta kwana tana yi.

Hattara: waya ba ta riƙe lambar hoto ɗaya, tana hawa tana sauka. A hira mai tsawo za ka ga baki da murya sun fara tare, zuwa minti 20 sun rabu. Ka bi da bidiyon waya ta HandBrake, ita ma kyauta ce, ka zaɓi tsayayyar lamba 25 kafin ka shigo da shi.

6. Kallo

Nan ne ake gane edita. Ka kalli komai, a gudunsa na asali, da littafi da biro, kafin ka yanka ko daƙiƙa ɗaya. Hoton awa 30 yana nufin mako guda kana zaune, kuma furodusa zai riƙa kira yana tambayar me ka haɗa. Ka ce masa kana kallo, ka nuna masa littafin.

Mu ɗauka fim ne a kan marinar Ƙofar Mata a Kano. Layi ɗaya a littafinka zai yi kama da haka: "Rana ta 2, fayil 0047, 12:30 zuwa 13:10, dattijo yana tsamo zane, hannunsa shuɗi har gwiwa, bai san ana ɗauka ba, sauti mai kyau, akwai hon ɗin A Daidaita Sahu a ƙarshe." Ka sa tauraro a gefen duk abin da ya taɓa ka, ya ba ka dariya, ko ya sa ka gyara zama. Wannan ji na farko shi ne abin da mai kallo zai ji, kuma ba zai dawo maka ba bayan ka maimaita wurin sau hamsin. Abin da ba ka rubuta a ranar ba ya tafi.

Kada ka tsallake gefen hira. Kafin a fara tambaya, lokacin da ake maƙala makirufo, da bayan darakta ya ce "mun gode Baba" kyamara ba ta tsaya ba, a nan mutane suke sakin jiki su faɗi abin da ke ransu. A tsakiyar hira sau da yawa jawabi suke yi, irin wanda suke zaton ana so a ji a talabijin.

Kana kallo kana rarrabawa cikin manhaja: aljihu guda ga kowane mutum, guda ga kowane wuri, guda ga kowane aiki, kamar haɗa baba da toka, tsoma zane, bugu, ciniki. Ka ware aljihu na musamman ga fuskokin da suke sauraro ba sa magana, da wani ga sautin wuri zalla. Za ka neme su ruwa a jallo nan gaba.

7. Rubuta hira

Kowace hira a rubuta ta kalma da kalma, da lambar lokaci a farkon kowace amsa. Hirar awa ɗaya takan ci awa 4 zuwa 6. Manhajojin da suke rubuta magana da kansu sun ƙware a Turanci da Faransanci, amma Hausa har yanzu suna kwaɓa ta, balle in an shiga Sakkwatanci ko Hausar Damagaram. In ka yi amfani da su, sai ka bi layi-layi da kunne.

Hattara: in hirar da Fulatanci ce, ko Barbarci, ko Zabarmanci, kada ka dogara da taƙaitawar tafintan da ya raka su wurin ɗauka. A samo mai jin harshen ya zauna kusa da kai, ya nuna maka inda jimla ta fara da inda ta ƙare. Yanka mutum a tsakiyar kalma abin kunya ne ranar da 'yan garinsu suka kalla.

8. Tsara labari a takarda

Ka buga rubutun, ka bi da alƙalami mai kala kana shafa maganganun da suka fi ƙarfi. Sannan ka gwada faɗin fim ɗin a jimla ɗaya: wane ne, me yake so, me ya tare masa hanya? "Fim a kan rini" ba labari ba ne. "Dattijon da ya gaji ramin rini daga mahaifinsa yana neman wanda zai bar wa, 'ya'yansa kuma sun koma sayar da waya" labari ne. In kai da darakta kun kasa yarda a kan jimlar, kada ka buɗe manhaja tukuna.

Kowane fage ka rubuta shi a ƙaramar takarda ka manna a bango: wa ke ciki, me ya faru, me mai kallo ya sani yanzu wanda bai sani ba ɗazu. Takardar da ba ta da amsar tambaya ta uku, cire ta. Sauya wurin takarda a bango daƙiƙa biyu ne, sauya fage a kwamfuta rabin yini.

Hattara: kada ka bi jerin yadda aka ɗauki hoton, kuma kada ka buɗe fim da jawabin shugaban ƙungiya a bayan teburinsa. Masu biyan kuɗi suna son haka, masu kallo kuwa a nan suke wucewa. Ka buɗe da mutum yana aiki, shugaba ya shigo daga baya in an fara tambayar wa ke da alhaki.

9. Haɗin farko

Ka fara da murya kaɗai. Jera maganganun da ka zaɓa bisa tsarin bango, ka rufe ido ka saurara kamar shirin rediyo. In labarin ya tsaya da ƙafarsa a kunne, hoto zai ƙara masa. In bai tsaya ba, hoton jirgi marar matuƙi ba zai cece shi ba. Haɗin farko yakan ninka tsawon da ake so sau biyu ko uku, wannan ba matsala ba ce.

Daga nan sai hoto. Kuskuren da ya fi yawa shi ne a mayar da hoto labule: mutum yana magana, an rufe shi da duk abin da ya zo hannu. Gina fage ya fi: hoto mai faɗi ya nuna wurin, matsakaici ya nuna mai aiki, na kusa ya nuna hannu da fuska, kuma aikin ya fara ya ƙare. A ramin rini zane yana fitowa da launin kore-kore, sai iska ta buge shi ya riƙa juyewa shuɗi a gaban ido. Editan da yake gaggawa zai yanke da zarar zanen ya fito. Ka bar shi ya juye, ka janye murya da kiɗa, a ji ɗigar ruwa da bugun masu bugu daga can nesa. Mai kallo ya fahimci sana'ar ba tare da kowa ya yi masa bayani ba.

Wajen shiga sabon fage ka bar sautinsa ya riga hotonsa da daƙiƙa ɗaya ko biyu, ko muryar mai magana ta ci gaba bayan hoto ya bar fuskarsa. Wannan ne yake ɓoye ɗinki. In ka cire wani abu daga tsakiyar amsa, kai zai yi tsalle a allo, sai ka rufe wurin da hoton hannu ko na mai sauraro. Amma in mutum ya yi shiru yana neman kalma, ko murya ta karye, kada ka rufe, kada ka gajarta. Kayan ado irin su juyawar allo da walƙiya a bar wa bidiyon biki.

10. Amanar maganar mutane

Manomi ya ce: "Gwamnati ta kawo taki bana, amma ni ban ga ko buhu ɗaya ba." Da yanka guda za ka iya mayar da shi mai yabo. An yarda ka cire tari, maimaici da "ka gane ko", an yarda ka gajarta. Ba a yarda ka ɗauko amsar wata tambaya ka liƙa wa wata ba, ko ka haɗa rabin jimlar safe da rabin ta yamma su ba da ma'anar da bai nufa ba. Ma'aunin shi ne: da zai zauna kusa da kai ya kalla, zai ce haka na faɗa? In furodusa ya matsa, ka nuna masa rubutun hirar, ka ce a cire sunanka in ya dage.

Ka tambayi takardar amincewar duk wanda ya yi magana, ko amincewar da aka ɗauka a kyamara. Yara sai da izinin iyaye. Wanda aka yi wa alkawarin ɓoye shi, kamar matar da aka ci zarafinta ko wanda ya tsero daga hannun 'yan bindiga, dusashe fuska kaɗai bai isa ba. A ƙauye ana gane mutum da muryarsa, da zanen da ta ɗaura, da ƙofar gidan da ke bayanta, da sunan da wani ya kira daga gefe. Ka bi hoton ɗaya bayan ɗaya, domin dusashewar takan zame idan kai ya motsa. Binciken da sashen BBC Africa Eye ya fitar a 2018 kan maganin tari mai kodin, wanda bayan fitowarsa gwamnatin Najeriya ta sanar da haramta haɗa shi da shigo da shi, ya isa nuna nisan da irin wannan aiki yake kaiwa. Mai kaiwa nan kuwa, kuskurensa ma yana kaiwa.

Hattara: hoton rikici da aka tsinto a intanet sau da yawa na wata ƙasa ne ko wata shekara. In ba ka san wanda ya ɗauka da ranar ba, kada ya shiga. Fagen da aka sake shiryawa da 'yan wasa kuma a rubuta a allo cewa kwaikwayo ne.

11. Gyara da kulle hoto

Kowane zagaye ka ajiye shi da lamba da kwanan wata, Karofi_v03_0412, kada ka taɓa goge na baya, don darakta zai ce a dawo da abin da ya sa aka cire. Gyara ya zo a rubuce da lambar lokaci. Kafin zagayen ƙarshe ka zaunar da mutum biyu ko uku da ba su san aikin ba, ka zauna a bayansu, ka lura da inda suka ɗauko waya. Bayan an gama kada ka tambaye su ko ya yi kyau, za su ce ya yi. Ka ce su ba ka labarin.

In an amince, furodusa ya rubuta cewa an kulle hoto. Daga nan babu ƙari babu ragi, saboda sauti da kala da fassara duk a kan wannan tsawon za su hau.

12. Sauti da kala

Mutane suna haƙuri da hoto mai rauni, ba sa haƙuri da muryar da ba sa ji. Ka daidaita ƙarfin muryoyi, ka cike gurbin yanka da sautin wurin don kada a ji shiru ya faɗo kwatsam. Ƙarar janareta ana rage ta, amma in ka matsa wa manhajar tacewa murya za ta koma kamar daga cikin randa. Gidajen talabijin masu bin ma'aunin Turai suna son -23 LUFS (ma'aunin ƙarfin sauti), YouTube kuma wajen -14. In kiran sallah ko karatun Alƙur'ani ya shiga bayan hira, kada ka ɗora kiɗa a kai, kada kuma ka datse shi a tsakiyar kalma.

Hattara: waƙar da ka sauke daga waya tana da mai ita. YouTube yana gane ta da kansa ya toshe fim ɗin ko ya karkatar da kuɗin talla, kuma Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022 tana nan. Ko ka ɗauka daga rumbun kiɗan kyauta na YouTube, ko a biya mai gurmi ko mai sarewa ya yi wa fim ɗin nasa, da takarda.

A kala, daidaito ake fara nema: kyamara biyu su yi kama, fatar mutum ta fito yadda take, farar riga a rana kada ta ƙone ta rasa aikin da ke jikinta. Ka dogara da ma'aunan manhaja fiye da allon laftof. Shuɗin baba ma kada ya koma shunayya don kana son fim ya yi ƙyalli.

13. Rubutun allo da fitarwa

Fassarar ƙasan allo layi biyu ce iyaka, kowane layi kada ya wuce harafi 42, ta kuma daɗe yadda mai karatu a hankali zai gama. Ka zaɓi salon rubutu mai ƙ, ɗ da ɓ, irin su Noto Sans, in ba haka ba akwatuna za su fito a madadinsu. Fayil ɗin fassarar, wato SRT, a ajiye shi a tsarin UTF-8. Sunaye da sarautu a tura wa furodusa ya tabbatar a rubuce, domin kiran Dagaci da Mai Unguwa ya isa ya ɓata dangantakar shekaru.

Ka fitar da uwar kwafi a ProRes ko DNxHR, da ƙaramin MP4 na H.264 don intanet, da wani kwafin marar rubutu ko kaɗan saboda ranar da za a so fassarar Faransanci. Ka kalli abin da ya fito daga farko har ƙarshe, sau ɗaya a talabijin, sau ɗaya a waya da lasifikarta, tunda a nan yawancin mutanenmu za su gani. In za a nuna shi a bainar jama'a, tuna wa furodusa batun hukumar tace fina-finai ta ƙasa, da ta jiha in a Kano ne. Ku kuma yanke wa zai riƙe faifan asali da tsawon lokacin da kai za ka ajiye naka.

14. Shiga sana'ar

Hanyar da ta fi inganci ita ce zama mataimakin edita. Matakai na 4 zuwa 7 aikinsa ne, kuma duk edita mai aiki da yawa yana neman wanda zai ɗauke masa su ba tare da ɓatar da fayil ba. Mai son takarda, akwai Cibiyar Koyon Fim ta Ƙasa da Kwalejin Talabijin ta NTA, duka a Jos, da sassan koyon aikin jarida na jami'o'i irin su Bayero da Ahmadu Bello. Masu ba da aiki kuwa su ne gidajen talabijin irin su Arewa24 da ta fara a 2014, sassan Hausa na kafafen waje, ƙungiyoyin agaji a Maiduguri, Kano da Abuja, da masu tashoshin YouTube. Bikin iREP na Legas na dokumentari ne zalla, FESPACO kuma, bikin fina-finan Afirka, a Wagadugu ake yinsa duk bayan shekara biyu, can ake haɗuwa da daraktoci masu neman edita.

Abin da za su nema shi ne su ga aikinka, kuma guntayen hotuna masu gudu a kan kiɗa ba sa nuna ka iya labari. Ka ɗauki waya da makirufo ɗan maƙalawa, ka nemi izinin mai shayi ko maƙeri ko mai ɗinkin hula a unguwarku, ka yi masa hira, ka ɗauki aikinsa na yini biyu, ka bi matakan nan duka ka fitar da minti 5. Ka yi irinsa uku a kan mutane daban-daban, ka ɗora su a YouTube, ka rubuta a ƙarƙashin kowanne yawan hoton da aka ɗauka da abin da kai ka yi a ciki. Mahaɗin nan uku su za ka tura wa furodusa tare da farashin yininka.